Wa Ke da Iko a Kan Fim Ɗinka? Tambayoyi da Amsoshi Ga Mai Son Shirya Fim na Ƙashin Kansa

A Gusau nake zaune. A nan nake rubuta labari, in ɗauka, in haɗa. Ba ni da wani kamfani mai bene, ɗaki ɗaya ne a Tudun Wada da kwamfuta biyu, ɗayar ma sai an lallaɓa ta take tashi. Matasa kan tare ni a majalisa ko su turo saƙo ta WhatsApp, tambayoyin kuma kusan iri ɗaya ne kullum. Na gaji da maimaitawa, shi ya sa na tara su wuri guda. Wasu amsoshin gajeru ne. Wasu kuwa sai mai karatu ya yi haƙuri da ni, don wurin ya taɓa cizona.

Wane ne mai shirya fim mai zaman kansa?

Shi ne wanda ba ya ƙarƙashin wani babban kamfani ko tashar talabijin da za ta ba shi labari, ta ba shi kuɗi, ta kuma nuna masa inda zai tsaya. Shi ke zaɓar labarinsa, shi ke neman kuɗinsa, in an tafka asara shi ke kwana da ita.

Kannywood ma da haka ta faro. Turmin Danya, wanda ake ƙirga tarihin fim ɗin Hausa na bidiyo daga kansa, ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Tumbin Giwa ce ta yi shi a Kano a 1990, ba wani kamfani ba. Daga baya da kasuwa ta buɗe, 'yan kasuwar kaset na Ƙofar Wambai da Bata suka zama su ne masu faɗa a ji: waƙa nawa za a sa, fuskar wa za ta hau fasta, kashi nawa za a raba fim ɗin. Kasuwar faifai ta mutu, tashoshi irin su Arewa24 da aka buɗe a 2014 suka shigo, YouTube ya biyo baya. Kowane zamani da ubangidansa. Mai zaman kansa shi ne wanda ya san ubangidan zamaninsa, ya kuma san iyakar abin da zai miƙa masa.

Mun ji kana cewa fim ɗin manya kake yi. Ba batsa ke nan ba?

A'a. Kuma tunda wannan tambayar ba ta ƙarewa, bari in tsaya a kanta.

In na ce fim ɗin manya, ina nufin labarin da sai wanda ya ga jiya ya ga yau zai fahimce shi. Bazawarar da ta dawo gidan ubanta da 'ya'ya uku, ƙannenta maza suna ƙirga lomarta. Magidancin da ya sayar da gonar gado ya biya kuɗin fansar ɗan'uwansa, yanzu ba sa ga maciji da juna. Mata da miji da suka shekara ba abin da ke haɗa su sai gaisuwa. Yarinyar da aka yi wa fyaɗe, dangi suka rufe maganar don kada sunan gida ya ɓaci. Duk waɗannan ba labarin yara ba ne, kuma ba ɗaya cikinsu da ke buƙatar a tuɓe wa kowa ɗankwali.

Batsa kuwa hanya ce da ba ta ɓullewa. Addini ya hana, doka ta hana. Zamfara ce jihar da ta fara ƙaddamar da shari'ar Musulunci, a nan Gusau, ranar 27 ga Oktoba 1999, zamanin Ahmad Sani Yariman Bakura. Dokar laifukan intanet ta tarayya ta 2015 ma ta sa hukunci a kan yaɗa hotunan batsa, YouTube da Facebook kuma suna goge su, su rufe shafin da ya ɗora. Wanda ya san abin da ya faru a 2007 ba zai yi wasa da wannan ba: hoton waya ne na sirri na wata 'yar fim ya fita, ba ma fim ba ne, amma sai da aka dakatar da ɗaukar fim a Kano na watanni, ɗaruruwan mutanen da ba su ji ba su gani ba suka rasa abinci.

Ban da doka ma, ni a wurina ragwanci ne. Mu Hausawa muna da kunya da kawaici, kuma waɗannan kayan aiki ne ga wanda ya iya. Nuna kwanon tuwo da aka kai wa maigida da dare, da safe aka ɗauke shi ba a ko buɗe ba. Nuna takalman mutum biyu a ƙofar ɗaki, gobe a ga na mutum ɗaya. Duk matar aure da ke kallo ta gama gane komai, yaron da ke gefenta kuwa kwano kawai ya gani.

To wa ke da fim, darakta ko mai kuɗi?

A zuciyar darakta, nasa ne. A gaban alƙali kuwa, yawanci na furodusa ne. Dokar haƙƙin mallaka ta Najeriya ta 2022 ta ce mai fim shi ne wanda ya yi tanadin shirya shi, sai fa in waɗanda suka yi aikin sun ƙulla wata yarjejeniya daban a tsakaninsu. Ma'ana, in ka kwana arba'in kana rubutu, ka sha rana a lokeshan, amma wani ne ya kawo kuɗi ya ɗauki ma'aikata, kuma ba ku rubuta komai ba, to kai ɗan ƙwadago ne a gonar wani. Dokar ta kuma ce sayar da haƙƙin mallaka ba ya tabbata sai a rubuce, wannan kuwa kariya ce ga marubuci: labarinka na hannunka har ranar da ka sa hannu.

Wannan rigimar ba mu muka fara ta ba. Tun 1919 a Amurka su Charlie Chaplin da Mary Pickford suka haɗu da wasu abokan sana'arsu biyu suka kafa kamfaninsu na United Artists, don su ƙwace aikinsu daga hannun masu kuɗi. Har yau a can, babban abin da darakta ke fafutukar samu a takardar aiki shi ne a ce yankansa ne na ƙarshe, wato in ya ce editin ya ƙare, ba mai ƙara ko rage daƙiƙa ɗaya. Kaɗan ne ke samu.

Wani Alhaji ya ce zai zuba kuɗi a fim ɗina. In karɓa?

Ga abin da ya same ni, kai ka yi hukunci.

Shekarun baya na rubuta labarin wata bazawara mai sayar da fura. Wani ɗan kasuwa, mutumin kirki wallahi, ya ji labarin ya ce ya ɗauki nauyi. Na ce mu rubuta takarda. Ya yi dariya, ya dafa kafaɗata, ya ce, "Haba ɗana, ni da kai har sai da takarda?" Kunya ta kama ni, na ce, "Shi ke nan, ranka ya daɗe."

Kwana na huɗu muna cikin ɗauka a wani gida a Sabon Gari, sai ga mota ta tsaya. Alhaji ya fito da wata yarinya, ta sha kwalliya kamar mai zuwa ɗaurin aure, ya ce ɗiyar amininsa ce, a nema mata wuri. Na ƙirƙiro mata fitowa biyu. Bayan mako ya kira ni, ya ce uwargida ta ji labarin, ta ce bai dace bazawarar nan ta ƙare ba aure ba, a aura mata wani mai hali. Na ce, "Alhaji, ai duk fim ɗin a kan haka ya ginu. Mace ce da ta gano za ta iya riƙe kanta." Ya ce, "Malam, kuɗina ne ko naka?"

Ranar da muka gama ɗauka, yaronsa ya zo ya ce Alhaji na son ya ga abin da aka yi. Na ciro hadis, wato ma'ajiyar kwamfuta, da duk aikin ke ciki, ɗan ƙarami baƙi, na naɗe shi a leda na miƙa masa. Kwafi ɗaya ke gare ni a duniya. Ban sake ganinsa ba. An kai wa wani edita a wani gari, aka sa waƙoƙi uku, aka ɗaura wa bazawarata aure da muryar mai ba da labari. Sunana na nan a farkon fim ɗin da manyan baƙaƙe. Har yau in aka ce an kalla sai in sauya zance.

Ban ce Alhaji mugu ba ne. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Laifina ne da ban faɗi irin askin da zan iya ba tun kafin in karɓi ladan. Don haka ka karɓi kuɗin in kana so, amma ku zauna da shaidu biyu ku rubuta. Wa ke zaɓar 'yan wasa? Wa ke da maganar ƙarshe a editin? A tashar wa za a ɗora, da sunan wa aka buɗe ta, lambar sirrin na hannun wa? In kuɗi suka shigo, wa ke fara cire nasa, sauran kuma yaya za a raba? In aka ɓata a tsakiyar aiki, hotunan da aka ɗauka na wa ne? Ba sai da lauya ba in babu hali, a rubuta da Hausa ma ya wadatar, kowa ya sa hannu. In ya ce rubutu rashin yarda ne, ka tuna masa cikin ladabi cewa aya mafi tsawo a Alƙur'ani, a Suratul Baƙara, umarni ce da a rubuta bashi.

Kuma ka riƙa ajiye kwafi biyu. Ɗaya a ɗakin mahaifiyarka.

Ashe gara in yi da kuɗina?

In za ka iya, e. Amma ka rage fim ɗin ya dawo daidai aljihunka, kada ka kumbura shi har ya kai ka ƙofar wani. Labari mai gida ɗaya, 'yan wasa biyar, kwana shida, wannan naka ne. Labari mai fada da dawaki da jama'a ɗari, ko kai ka rubuta shi, na wanda ya biya kuɗin dawakin ne. Ousmane Sembène na Senegal, wanda ake kira uban fim ɗin Afirka, yakan kwatanta yadda yake haɗa kuɗin fim da mai tsintar guntayen taba yana haɗa kara guda. Bai ji kunyar faɗa ba.

Dole sai na koma Kano?

Ka je ka koyo, ba laifi. A can ƙwararrun masu ɗaukar hoto da editoci suke, a can kayan haya suke, a can ake sanin mutane. Mai hali ma ya leƙa Jos, inda Hukumar Fina-finai ta Najeriya take da makarantarta ta koyon fim. Amma zama dindindin wani abu ne. Na ga yaranmu da yawa sun tafi da labarai masu daɗi a ka, bayan shekara biyu suna ɗaukar falo iri ɗaya da kujeru iri ɗaya da kowa ke ɗauka.

Abin da muke da shi a nan, Kano ba ta da shi. Dutsen Kwatarkwashi da yamma in rana ta faɗa masa. Tashar jirgin ƙasa ta Ƙauran Namoda, ƙarshen layin dogo, da tsoffin gine-ginenta. Gonakin rani na Bakolori wajen Talatar Mafara. Fuskokin da ba a taɓa gani a talabijin ba. Ba wanda zai karɓi kuɗin haya a kan ko ɗaya.

An ce in sa 'yan wasana su yi Kananci don a fi saye. Gaskiya ne?

Wannan ita ce tambayar da ta fi taɓa ni, fiye da ta kuɗi ma.

Ka lura da fina-finan Hausa da kyau. In ka ji mutum ya buɗe baki ya ce "mi kaka so" ko "ga ni nan tahe", kusan kullum maigadi ne, ko ɗan ƙauyen da aka kawo don a yi dariya. Likita ba ya cewa "wanga". Masoyi ba ya cewa "ɗiyata". An mayar da harshen iyayenmu kayan barkwanci, har mu kanmu muka yarda. Na taɓa ɗaukar wata dattijuwa, ba 'yar fim ba ce, maƙwabciyarmu ce, za ta fito a uwar da aka zo wa da labarin rasuwar ɗanta. Da kamara ta kunna sai ta fara lanƙwasa harshe tana Hausar rediyo. Na ce, "Inna, yi yadda kike yi a gida." Ta yi shiru, ta dubi ƙasa, ta ce, "Ku hwaɗa mani gaskiya, shina da rai?" Mai riƙe da makirufo sai da ya juya baya yana share ido. Da ta ce "yana da rai" da an wuce wurin kamar ba a yi ba.

Masu cewa ba za a gane ba, ka tambaye su: waƙoƙin makaɗan fadar ƙasar nan, su Narambaɗa da Ɗanƙwairo, da wace Hausa aka yi su? Akwai Bakanon da ya ce a fassara masa? Mai kallo a Maraɗi da Ƙonni da Dogon Dutsi kuma Hausarmu ta fi kusa da tasa. In furodusa ya nace, ku sasanta a kan hankali: ɗan boko da ya yi karatu a Zariya ya yi irin tasa, tsohuwa a Bunguɗu ta yi irin tata. Haka abin yake a zahiri.

Hukumar tace fina-finai fa? Ba ita ke kashe basira ba?

Akwai ta tarayya, wadda aka kafa a 1993, tana duba fim ta sa masa matakin shekaru, har da 15 da 18. Ka ga ke nan doka kanta ta san akwai fim ɗin da ba na yara ba, ba tare da ya zama abin kunya ba. Akwai kuma ta jihar Kano da aka kafa a 2001, wadda duk mai son aikinsa ya shiga kasuwar Kano ko ya yi aiki da 'yan wasan can sai ya san da zamanta. Kada ka ɗauka don a intanet kake sakin aikinka ba ruwanta da kai, a 2025 ta dakatar da fina-finai masu dogon zango da dama saboda ba a kai mata ta duba ba.

A nan gida, abin da ya fi amfani shi ne ka gabatar da kanka. Kafin ka kafa kamara a unguwa, ka gaida mai unguwa, ka sanar da 'yan sanda da Hisbah, ka riƙe takardar rajistar kamfaninka a jaka. A halin da jiharmu ke ciki, baƙin fuska da kayan aiki a lungu abin tsoro ne ga mutane, kuma suna da gaskiya.

Ni dai almakashin hukuma bai taɓa yi mini ɓarnar da almakashin cikin kaina ya yi ba. Sau nawa na goge fitowa tun a takarda, ba don wani ya hana ba, sai don ina tunanin me surukina zai ce in ya gani.

Ai YouTube ya 'yanta mu, ko?

Ya buɗe ƙofa, ba musu. Yau yaro a Gummi zai ɗora aikinsa a kalla a Jidda ba tare da ya durƙusa wa kowa ba. Sai dai shi ma Alhaji ne, bambancin kawai ba ya amsa gaisuwa.

Kafin ka fara samun kuɗin talla sai tasharka ta tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12. In ka samu, kaso 55 cikin ɗari na kuɗin tallan naka ne, ba a kuma turo maka sai sun kai dala 100. Tallan da ake nuna wa mai kallo a Najeriya arha ne in an gwada da na Turai ko Saudiyya. Sannan abin da ya fi shafar irin aikinmu: bidiyon da ya taɓo fyaɗe ko kisa ko shaye-shaye, sau da yawa ana rage masa talla ko a hana gaba ɗaya, ko da wa'azi kake yi a ciki. To ka ga inda matsin yake. Na'urar YouTube na son sabon kashi kowane mako, tana son hoton gaba mai ɗaga hankali, tana son labarin da ba ya ƙarewa. Shi ya sa za ka ga labarin da zai ƙare a kashi takwas an ja shi zuwa tamanin, jaruma ta mutu ta dawo, ta sake mantuwa. Ba wanda ya tilasta wa daraktan. Lissafin da ke fuskar wayarsa ne ya zama furodusansa.

Mu a Zamfara muna da ƙarin darasi. A Satumbar 2021 da aka katse layukan waya a jihar nan saboda matsalar tsaro, ina tsakiyar sakin wani aiki. Sai da na hau mota zuwa Zariya da kwamfuta a cinya don in ɗora kashi ɗaya. Tun daga ranar ba na fara sakin komai sai na gama haɗa shi duka.

Dole ne a sa waƙa?

Ba dole ba ne. In labarin ya nema, sa. In don tirela, wato guntun tallan fim, ta yi kyau ne, bari.

Ta yaya zan samu 'yan wasa mata, kuma mene ne haƙƙinsu a kaina?

Ta ƙofar gida ake shiga. Ka je da kanka, da babban mutum in da hali, ka gaida mahaifinta ko mijinta ko wanda take hannunsa, ka faɗi labarin duka, har wurin da kake jin nauyin faɗa. Ita ma ka ba ta labarin ta karanta tun daga farko har ƙarshe, kada ka riƙa tsakura mata shafi-shafi a lokeshan. Wadda ba ta kai shekara 18 ba, ba a ko fara magana sai da iyayenta, kuma wani nata ya zauna a wurin har a tashi.

Ikon da kake nema a kan fim ɗinka bai ba ka iko a kan mutuncin kowa ba. Kai in fim ya fito ana ce maka darakta. Ita kuwa in ta fito a karuwa ko mai shaye-shaye, a kasuwa da sunan za a riƙa kiranta, wataƙila har ya taɓa aurenta. In ta ce ba za ta faɗi wata kalma ba, ku nemi wata. Kada ka yanko wani wuri ka yi hoton talla da shi ta yadda zai ba da ma'anar da ba ita aka ɗauka ba. Ka biya ta ranar da kuka yi alkawari. Darakta da ke kuka da Alhaji ya danne shi, sannan shi ya juya ya danne yarinyar da ta zo neman na sabulu, ba abin da ya raba su sai girman aljihu.

Ina son in yi fim a kan 'yan bindiga. Shawara?

Ka yi, don in ba mu faɗi labarinmu ba wani zai zo daga nesa ya faɗa a karkace. Amma ka bar daji da bindigogin roba. Na farko haɗari ne, mutum da kakin soja na bogi da abin da ya yi kama da bindiga a bayan gari yana iya rasa ransa kafin ya yi bayani. Na biyu, ba a nan labarin yake ba. Yana wurin matar da ke zaune da waya a hannu tana jiran kira. Yana wurin dangin da ke zaune a zaure ana karo-karo, kowa na kallon wanda ya fi shi hali. Yana wurin wanda aka sako ya dawo gida, ya kasa cin abinci in ba a ɓoye ba. Kada ka ambaci sunan ƙauye na gaskiya ko na wani da ke raye, kada kuma ka ɗora laifin a kan ƙabila guda, ka ƙara wa wuta fetur.

Kuma Zamfara ba bindiga kaɗai ba ce. Gubar dalma da ta kashe yara sama da 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum a 2010, iyaye na niƙa dutsen zinariya a tsakar gida don neman abinci ba su san ajali suke niƙawa ba, wa ya taɓa zama ya yi mata fim da Hausa?

Waya kawai gare ni. Zan iya?

Za ka iya. Mai kallo na yafe hoto mai duhu, ba ya yafe sautin da ba ya ji. Kuɗin farko da ka samu ka sayi ƙaramin makirufo na maƙalawa a riga. Ka ja janareto nesa da doguwar waya, ka roƙi mai injin markaɗe na maƙwabta ya ba ka awa ɗaya, ka ɗauki waje da sassafe ko bayan la'asar. Ka koyi editin da hannunka ko da ba kai za ka riƙa yi ba, don wanda bai san abin da ake iya yi a kan kwamfuta ba, duk abin da edita ya ce masa ba ya yiwuwa sai ya yarda.

Bukukuwan fim na waje da masu ba da tallafi fa?

Ka gwada. Akwai bikin Zuma a Abuja, akwai FESPACO a Wagadugu da ake yi tun 1969. Maƙwabcinmu ne ma, Oumarou Ganda na Nijar, ya fara cin babbar kyautarsa a 1972, da fim a kan auren mace fiye da ɗaya. Za ka buƙaci fassara a ƙasan hoto da Turanci ko Faransanci, ka nemi wanda ya iya, kada ka bar wa na'ura.

Sai dai ƙungiyoyin tallafi su ma da nasu askin. Suna da saƙon da suke son a isar, wani lokaci har da jimlolin da za a faɗa. In aikin wayar da kai ne, karɓi ka yi shi da kyau, ka ci abinci, ka sayi kayan aiki. Kada dai ka ruɗi kanka ka ce shi ne fim ɗin da ka yi mafarki.

Ana cin abinci da wannan sana'ar kuwa?

Da fim ɗin kaina kaɗai, ni ban ci ba tukuna. Ina ɗaukar biki da walima da saukar karatu, ina yi wa 'yan kasuwa talla, lokacin siyasa kuwa aiki har sai ka ƙi. Daga nan nake ware wani abu a asusu, in ya taru in yi nawa. Wasu abokaina na ganin wannan faɗuwa ce. Ni kuwa na ga hoton amarya ne ke saya mini 'yancin in ce a'a.

Idan kowa a lokeshan ya ce ban yi daidai ba, in tsaya a kan ra'ayina?

Ya danganta da wanda ya faɗa da kuma dalilinsa. In dalilin shi ne "haka ake yi", ka tsaya. In dalilin daga cikin labarin ya fito, ka buɗe kunne.

A aikina na baya-bayan nan na rubuta wa jarumar doguwar magana a ƙarshe, shafi guda cur, inda take zazzage wa mijin duk abin da ta haɗiye shekara goma. Ina ji da wannan shafin, har na haddace shi. Matar da ke dafa mana abinci a lokeshan tana gefe tana kwashe shinkafa, ta ji ana bita. Da aka tsaya ta matso ta ce, "Yaya, in faɗi magana? Macen da ta kai nan ba ta dogon zance. Tabarmarta za ta naɗe."

Na ji haushi, na ce a ci gaba yadda na rubuta. Muka ɗauka sau huɗu. Da rana ta kusa faɗuwa, saura batir ɗaya, na ce to a gwada nata sau ɗaya don a huta da maganar. Jarumar ta tashi, ta naɗe tabarma, ta ɗauki butarta, ta tsaya a bakin ƙofa kamar za ta juyo, ba ta juyo ba. Shi na sa a fim ɗin. Shafin nawa yana nan cikin jaka, sunan mai abincin kuma na rubuta shi a jerin waɗanda suka taimaka da labari, ta ce in cire kada mijinta ya gani.